Yadda ake gane shekarun tsohuwar kwalba

A yankin Sabon Birni da Isa, inda kufan Alƙalawa yake, manomi a gari irin Burkusuma zai iya tono tsohuwar kwalba a gona, ya ɗauka tun ta zamanin sarakunan Gobir na da ce.

To amma Alƙalawa ta faɗi ne a 1808, kuma akasarin tsofaffin kwalaben da ake gani a ƙasar Hausa sun shigo ne bayan da jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, da Ƙauran Namoda a 1929.

Alamomin da ke jikin kwalbar su ne ke raba gardama.

Da farko a duba gindinta. Idan akwai tabo mai kaushi a tsakiya, to da baki aka hura ta, kuma tabon sawun sandar ƙarfen da aka riƙe ta da ita ne. An rage yin haka tun wajejen 1860.

Sai kuma siririn layin da ke gefenta, inda ɓari biyu na mazubi suka haɗu. Idan ya tsaya a wuya, da hannu aka ƙarasa ta. Idan kuwa ya zarce har leɓe, aikin inji ne, irin wanda Michael Owens ya ƙirƙiro a Amurka a 1903.

Kwalbar da bakinta ke ɗaukar marfin gwangwani irin na lemo ba za ta girmi 1892 ba, shekarar da William Painter ya yi rajistar marfin.

Sunan kamfani ma shaida ne. A 1920 kamfanin W.J. Bush na Landan ya fito da turaren Bint El Sudan, shi kuma kamfanin da ke ɗura Coca-Cola a Najeriya an kafa shi ne a 1951.

Sai dai ba kowace lamba a gindin kwalba ce shekara ba, domin sau da yawa lambar mazubi ce.

Haka kuma shekarar ƙira daban, shekarar yarwa daban, tun da akan daɗe ana zuba man gyaɗa ko kananzir a kwalba guda.

Wanda ya tsinci irinta, ya lura da inda ya same ta, kada kuma ya kankare ta, domin goge alamar tamkar goge tarihin ne.