Fansho Sunan Da Ke Cikin Fayil Yake Bi

A Bodinga ko Shagari, kamar sauran ƙasar Sakkwato, ɗan boko da sunan garinsu ake saninsa. Marigayi Shehu Shagari, wanda malamin makaranta ne kafin ya shiga siyasa, sunan garinsu ya ɗauka. To idan aka kira Abubakar ko Umaru aka liƙa masa Bodinga, mutum nawa za su amsa? A gida ba a ruɗewa, an san ɗan wane ne. Ofishin fansho kuwa bai san fuska ba, fayil ya sani: takardar kama aiki, ranar haihuwa, ƙarin girma, sai takardar ajiye aiki idan an yi shekara 35 ana aiki ko an cika 60 da haihuwa.

Galibi rigimar ba ranar ritaya aka shuka ta ba. A ce wa ya gama makarantar horon malamai ya kama fatauci, ƙanensa ya ɗauki takardun ya shiga aiki da sunansa, da yardar iyaye, don kada gurbin ya bar gida. Shekara talatin ba mai cewa uffan. Ranar da aka ji garatuti ya fito, sai 'ya'yan wan su tuna ai sunan babansu ne. Ƙanen shi ya sha alli, gari duk shaida ne. Wan shi ke da takarda. Abin da dangi ba sa hangowa shi ne, a gaban doka babu mai tsayawa da ƙafarsa: ɗaya ya yi sojan gona, ɗayan yana neman ladan aikin da bai yi ba. Da zarar ƙorafi ya shiga ofis, abu na farko shi ne a dakatar da biya, kuma fayil ɗin da aka ajiye gefe ba ya saurin dawowa kan tebur.

Akwai kuma ɗan fanshon da ya rasu aka ƙi sanarwa, kuɗi na ci gaba da shiga. Wannan ba ya daɗewa sai da ɗan gari, wato wani a cikin ofis. Manyan ɓarayin ma ba a ƙauye suke ba. Abdulrasheed Maina, wanda aka ɗora wa gyaran fanshon tarayya, shi kotu ta yanke wa shekara takwas a 2021 kan kuɗi kimanin naira biliyan biyu.

Irin wannan ne ya sa tantancewa ta koma kan zanen yatsa. An kafa hukumar PTAD a 2013 don 'yan tsohon tsarin fansho na tarayya, lambar banki ta BVN ta zo a 2014, ga kuma lambar shaidar ɗan ƙasa ta NIN. Ma'aikacin ƙaramar hukuma da malamin firamare, nasu fanshon a hannun jiha yake, amma dai ta banki zai biyo. Sai dai tarkon ba mai laifi kaɗai yake kamawa ba. Tsohon da fayil ya ce Mamman, banki ya ce Muhammadu, takardar rantsuwa kuma ta rage masa shekara uku, kwamfuta mutum uku take gani. Shi ke nan sai sintiri Sakkwato, daga kotu a yi rantsuwa zuwa jarida a buga canjin suna.

Idan ma'aikaci ya rasu, wani ruɗanin ke tasowa. Wanda ya rubuta a fom a matsayin makusancinsa yakan ɗauka kuɗin nasa ne shi kaɗai. Ba haka ba ne, shi dai wanda za a tuntuɓa ne. Kafin a saki haƙƙin mamaci sai an kawo takardar kotu mai nuna wanda zai karɓa, sannan alƙalin shari'a ya raba wa magada: mata tumuni idan akwai 'ya'ya, uwa sudusi, har da matar da aka aura bayan an cike fom ɗin.