Takardun Babur ko Motarka Sun Ɓata? Kada Ka Yi Shiru, Kada Ka Bi Ta Bayan Fage

A Kamarawa da sauran garuruwan Isa da Sabon Birni na jihar Sakkwato, babur shi ne ƙafar talaka. Shi ke kai mai naƙuda asibiti, shi ke kai buhun gero kasuwar Shinkafi, da shi ɗan kabu-kabu ke ciyar da gidansa. Sai dai shekarun nan na rashin tsaro sun raba mutane da yawa da takardun abin hawansu. Wani cikin dare ya fita da rigar jikinsa kaɗai. Wani an cinna wa ɗakinsa wuta. Wani ya tsallaka Gidan Rumji a jihar Maraɗi gudun hijira, ya dawo ya tarar gara ta gama da akwatin da ya bari. Wani kuma ba abin da ya same shi illa ruwan damina da ya shiga ledar da ya cusa ƙarƙashin kujerar babur, tawada ta narke, takarda ta manne da 'yar'uwarta.

Duk wanda hakan ya faru da shi ya kwantar da hankalinsa. Ɓatan takarda bai raba shi da dukiyarsa ba, muddin an taɓa yi wa abin hawan rajista. Abin da ke jefa mutum cikin wahala abu biyu ne: ya yi shiru ya ci gaba da hawa haka nan, ko ya ba wani kuɗi ya “haɗo” masa takardu.

Dalilin da ya sa lamarin ya fi tsanani a nan

A wani wurin, rashin takarda tara ce ko kwana biyu a ofishin 'yan sanda. A gabashin Sakkwato abin ya wuce nan, domin da babur 'yan bindiga ke kai hari, kuma yawancin baburan nasu ba lamba ba takarda. A watan Satumba na 2021 gwamnatin Aminu Waziri Tambuwal ta rufe hanyar Isa zuwa Marnona, ta hana sayar da fetur a jarka, ta taƙaita zirga-zirgar babura, sannan aka katse layukan waya a ƙananan hukumomi 14, ciki har da Isa da Sabon Birni. Tun daga lokacin idon jami'an tsaro bai sauka daga kan babur ba. Idan soja ko ɗan sanda ya tare ka a shinge ya ce “Ina fatikula?”, kai kuma ka ce sun ɓata, ba shi da hanyar bambanta ka da wanda ya sayi babur a hannun ɓarayi. Takardar da ke aljihunka ita ke yi maka magana a wurin da babu wanda ya san ka.

Waɗanne takardu ake nufi?

Fatikula ba takarda ɗaya ba ce, kuma ba ofis ɗaya ke ba da su ba. Akwai takardar shaidar mallaka da lasin abin hawa da ake sabuntawa duk shekara, waɗanda ke fitowa daga ofishin lasin da ke ƙarƙashin Hukumar Tara Kuɗin Shiga ta Jihar Sakkwato. Akwai takardar lafiyar abin hawa, ta jami'an VIO. Akwai inshora, wadda kamfanin inshora ke bayarwa. Motar da aka shigo da ita daga waje tana da takardun kwastan. Sai rasidin saye, ko yarjejeniyar ciniki idan na hannu ne. Ita kuwa lambar da ke maƙale gaba da baya, hukumar kiyaye haɗurra ta ƙasa, wato FRSC, ce ke buga ta, kuma bayanan mai ita na cikin rumbunta na kwamfuta da ake kira NVIS. Wannan rumbu shi ne ginshiƙin maganar: takarda ta ƙone, amma sunanka da lambar abin hawanka suna nan.

Matakin farko: kwafi lambobin da ke jikin ƙarfen

Kafin ka je ko'ina, nemi lambar shasi da lambar inji. A babur irin Boxer ko Haojue, lambar shasi tana wuyansa, inda kan babur ke juyawa, an buga ta a jikin ƙarfe. Ta inji tana ƙasa, kusa da giya. Ƙura da baƙin mai kan rufe su, saboda haka ka goge wurin da tsumma da ɗan kananzir, ka haska tocila. A mota, duba ƙasan gilashin gaba ta wajen direba, ko jikin ƙofarsa. Lambar shasin mota haruffa da alƙaluma 17 ce, kuma babu harafin I ko O ko Q a cikinta, don haka duk abin da ya yi kama da O sifiri ne. Kuskuren harafi ɗaya kan sa a ce babu abin hawanka a rajista. Ka rubuta, ka sa wani ya sake karanta maka.

Mataki na biyu: 'yan sanda

Je ofishin 'yan sanda na yankinka, a Isa ko Sabon Birni, ka ba da rahoto. Faɗi takardun da suka ɓata ɗaya bayan ɗaya, da ranar, da wurin, da yadda abin ya faru. Idan a hari ne, ka ce a hari ne. Kada ka tafi sai ka karɓi takardar rahoton mai hatimi da sa hannu, kuma ka duba an rubuta lambobin nan daidai. Amfanin wannan takarda biyu ne. Da ita za a saurare ka a ofishin lasin, kuma ita ce garkuwarka idan wani ya tsinci takardunka ya aikata ɓarna da su. In har da baburin aka tafi, to rahoton ya zama dole a ranar, domin duk inda aka kama shi a wajen ta'asa, sunan da ke rajista za a fara nema.

Mataki na uku: rantsuwa a kotu

Sai ka je babbar kotu ko kotun majistare ka yi takardar rantsuwa, wadda aka fi sani da afidabit, cewa kai ne mai abin hawan kuma takardun sun ɓata. Ka tafi da hotonka ƙanana da katin ɗan ƙasa mai lambar NIN. Wasu ofisoshin 'yan sanda sukan so ganin rantsuwar kafin su ba da tasu takardar, don haka ka tambaya tun farko. Wanda bai iya karatun boko ba ya sa a karanta masa a fassara kafin ya dangwala. Rantsuwa kan ƙarya laifi ne da ake ɗauri a kansa, ban da abin da ke tsakanin mutum da Ubangijinsa.

Mataki na huɗu: ofishin lasin

Da takardar 'yan sanda, da ta kotu, da katin shaidarka, da duk wani kwafi ko tsohon lasin da ya rage maka, ka nufi ofishin lasin. An fi samun sauƙi a inda aka yi rajistar tun asali. Za su binciki lambar a kwamfuta, suna iya neman ganin abin hawan su gwada lambar shasi da abin da ke rubuce, sannan a sake fitar maka da takarda. Duk kuɗin da ka biya, karɓi rasidin gwamnati. Idan a wata jiha aka yi rajistar, kamar Zamfara ko Kano, ka tambayi ofishin ko sai ka koma can.

Inshora kuwa kamfanin da ya ba ka zai sake buga maka, tunda tana cikin rumbun bayanan inshora na ƙasa, NIID. Daga watan Janairun 2023 hukumar kula da inshora ta ƙasa, NAICOM, ta sa kuɗin inshorar dole naira 15,000 ga motar gida, 5,000 ga Keke Napep, 3,000 ga babur, kuma daga 1 ga Fabrairun 2025 'yan sanda suka tsananta bincikenta a kan hanya. Wanda ya kawo maka “inshorar” mota ta dubu biyu, takardar banza ya sayar maka. Idan lambar da ke maƙale gaba da baya ce ta faɗi, ita ma ta waɗannan matakai ake neman wata. Kada ka kai wa mai fenti ya zana maka.

Inda ake samun cikas

Mutane da yawa a ƙauyukanmu rasidi kawai suka taɓa riƙewa, ba su yi wa babur rajista ba. Irin wannan ba shi da abin da za a zaƙulo a kwamfuta. Ya koma wurin dilan da ya saya, a duba littafin ciniki a ba shi wani rasidin, ya haɗa da rantsuwa ya yi rajista yanzu.

Wani kuma ya sayi na hannu bai canja suna ba. A idon hukuma abin hawan na mai shi na farko ne har gobe. Dole a nemo shi, a rubuta yarjejeniya gaban shaidu, a yi canjin mallaka. Idan mai abin hawan ya rasu, magada su riƙe shaidar rasuwa da takardar kotun shari'ar da ta raba gado kafin su nemi a mayar da suna.

Mafi wuya su ne takardun kwastan. A ranar 1 ga Janairun 2017 gwamnatin tarayya ta hana shigo da motoci ta kan iyakokin ƙasa, amma motocin Kwatano ba su daina biyowa ta Nijar ba. Idan mai sayarwa ya ce maka “takardun sun ɓata, amma zan rage maka kuɗi,” ka ce ya fara bin matakan nan da kansa. Mai gaskiya ba zai ƙi ba. Sayen kayan sata laifi ne mai zaman kansa, kuma “ban sani ba” ba ta cika fitar da mutum ba. In ka ga alamar an kankare lambar shasi ko an sake buga ta, juya ka tafi.

Hattara da 'yan kamasho

A bakin ofisoshin lasin akwai masu tarar mutum da “Alhaji, kawo a yi maka yanzu-yanzu, ba sai ka sha layi ba.” Wasunsu takardar da suke bugawa ba ta taɓa shiga rumbun gwamnati ba. Ranar da aka duba, wanda ya riƙe ta ake kamawa, ba wanda ya buga ba. Bayan ka karɓi takardunka, sa wani mai babbar waya ya shigar da lambarka a shafin NVIS na intanet, a ga ko irin abin hawanka ne ya fito.

Abin da za ka yi tun yau

Idan takardunka na hannunka, yi musu kwafi biyu ko uku. Ɗauki hotonsu da waya ka tura wa ɗan'uwa da ke Sakkwato ko wani gari ta WhatsApp. Rubuta lambar shasi da ta inji a littafi, ka ajiye ba a ɗaki ɗaya da takardun ba. Shugabannin 'yan kabu-kabu da na ƙungiyar direbobi ta NURTW a tashoshin Isa da Sabon Birni za su taimaka ƙwarai idan suka buɗe littafin da ke ɗauke da lambobin abin hawan kowane mamba. Idan kuwa sun riga sun ɓata, kada ka jira ranar kasuwa ta zagayo. Goge wuyan baburinka, kwafi lambar, ka fara da ofishin 'yan sanda.