Kafin Ka Kama Hanyar Urushalima, Duba Takardunka

Akwai wata uwa a ikilisiyarmu, gwauruwa ce, ta kuwa ba shekara 60 baya. 'Ya'yanta huɗu suka yi shawara a junansu, suka yi shekara biyu suna tara kuɗi domin su aika da ita ziyarar Ƙasa Mai Tsarki tun tana da sauran ƙarfin tafiya. Zumuntar mata har ta sa ranar yi mata addu'ar sallama. Da aka zo batun fasfo sai magana ta tsaya cik. A katin baftisma sunanta Maryamu, a takardar aure an rubuta Mary, a lambar shaidar ɗan ƙasa kuwa sunan da iyayenta suka raɗa mata a ƙauye ne ya fito, shekarar haihuwa ma ba ta zo ɗaya da ta takardar kotu ba. Kafin a gama gyare-gyare, ayarin jihar ya riga ya tashi. Sai da shekara ta kewayo ta samu tafiya.

Wannan labari ba baƙo ba ne a cikin ikilisiyoyinmu na Arewa. Kowace shekara akan sami ɗalibin da ya ci gurbin karatu a ƙasar waje, ko mara lafiya da likita ya tura Masar ko Indiya, ko fasto da aka gayyata taro a Kenya, sa'an nan a ƙarshe ɗan littafin nan mai koren bango ya zama shi ne ƙarfen ƙafa. Shi ya sa muka ga ya kyautu mu zauna da masu karatu a kan wannan batu, tun kafin buƙata ta taso.

Asalin abin

Neman izinin tafiya a rubuce tsohon abu ne. Masu karanta Littafi Mai Tsarki za su tuna da sura ta 2 ta Littafin Nehemiya, inda Nehemiya, da zai tashi daga Farisa zuwa Yahuza a shekara ta ashirin ta mulkin Sarki Artashate, ya roƙi sarki ya ba shi wasiƙu zuwa ga masu mulkin ƙasashen hayin Kogin Yufiretis domin su bar shi ya wuce. Masana tarihi sukan ambaci wannan a cikin labarai mafi daɗewa na takardar tafiya. Abin lura shi ne, Nehemiya ya yi addu'a, amma bai kama hanya ba sai da wasiƙun suka shiga hannunsa.

Fasfo mai siffar ɗan littafi, irin wanda muka sani yau, ya samo tsarinsa ne daga wani taro da aka yi a birnin Faris a 1920, bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya. A nan Nijeriya, aikin shige da fice yana hannun 'yan sanda har 1958 da aka ware shi, sa'an nan dokar 1963 ta kafa shi da gindinsa. A 1998 aka fara ba da fasfon da na'ura take karantawa, a 2007 aka shigo da mai ɗauke da ƙwaƙwalwar lantarki wadda take riƙe da hoton mutum da zanen yatsunsa, a 2019 kuma aka fito da ingantacce wanda yake iya kai shekara 10. Launi uku ne: kore na kowa da kowa, shuɗi na ma'aikatan gwamnati masu tafiya bakin aiki, ja na jakadu da manyan jami'ai.

Ya kamata kuma kowa ya sani, fasfo hakki ne na ɗan ƙasa. Sashe na 41 na Tsarin Mulkin 1999 ya ba kowane ɗan Nijeriya 'yancin shiga da fita ƙasarsa. A 1992 jami'an tsaro sun ƙwace fasfon wani lauya, Olisa Agbakoba, a filin jirgin saman Legas, ya kai ƙara, a 1999 kuwa Kotun Ƙoli ta tabbatar cewa ƙwacewar ta saɓa wa doka, gama ba a iya more 'yancin fita ba tare da fasfo ba. Saboda haka wanda ya je ofis neman fasfo ba bara ya je ba.

Suna ɗaya, ranar haihuwa ɗaya

A yau ginshiƙin neman fasfo shi ne lambar shaidar ɗan ƙasa, watau NIN, mai alƙaluma 11, wadda hukumar NIMC take bayarwa. Idan ka shigar da lambar, kwamfuta takan ɗauko sunanka da ranar haihuwarka daga rumbun waccan hukuma, abin da ta tarar a can kuwa shi ne zai hau fasfo. Jami'in shige da fice ba shi da ikon gyara ko harafi ɗaya. In akwai kuskure, sai ka koma wurin NIMC tukuna, ka biya kuɗin gyara, ka jira gyaran ya bayyana a rumbun, kana ka dawo. Gyaran ranar haihuwa shi ya fi tsada, ya fi kuma ɗaukar lokaci.

A nan ne mu masu bi na ƙasar Hausa muka fi tuntuɓe, dalili kuwa a fili yake. Da yawanmu muna da sunan gida da sunan baftisma. Wani a makarantar firamare Istifanus ne, da ya shiga sakandare ya koma Stephen. Wani yakan rubuta Yohanna yau, gobe Yohana, jibi John. Wani ya ɗauki sunan mahaifinsa a wata takarda, a wata kuma ya sa sunan kakansa ko na garinsu. A wurin mutanen gari duk mutum ɗaya ne, amma kwamfuta ba ta san dangantaka ba. Mata kuma suna da ƙarin nasu, watau canjin suna bayan aure. Wadda take so fasfonta ya fito da sunan mijinta za ta nuna takardar aure, da takardar rantsuwa ta kotu, da sanarwar canjin suna da aka buga a jarida, sa'an nan NIN ɗinta ya zama yana ɗauke da sabon sunan.

Akwai kuma wata magana mai nauyi da ba a cika son taɓawa ba, ita ce ta rage shekaru. Wani ya zabge shekara biyar domin samun aiki, ko domin kada ritaya ta zo da wuri, ya manta cewa takardar makaranta tana nan da shekarar gaskiya. Ramin ƙarya ƙurarre ne. Dokar Shige da Fice ta 2015 ta sa ba da bayanin ƙarya domin samun fasfo cikin laifuffukan da ake ɗaure mutum a kansu ko a ci shi tara, haka ma riƙe fasfon Nijeriya iri ɗaya fiye da guda. Wanda ya yi nufin zuwa ya durƙusa a Getsamani bai kamata ya fara tafiyar da rantsuwar ƙarya a gaban kotu ba.

Abin da za ka tanada

Ban da NIN, mai neman fasfo karo na fari zai buƙaci takardar haihuwa. Tun daga dokar Disamba 1992, Hukumar Ƙidayar Jama'a ta Ƙasa ce take da alhakin rajistar haihuwa, don haka wanda aka haifa bayan wannan lokaci takardar hukumar ake nema a wurinsa. Manya da aka haifa kafin nan suna iya kawo takardar rantsuwar shekaru. Katin baftisma da takardar asibitin mishan suna da amfani wajen gano ranar gaskiya, amma ba su maye gurbin takardar gwamnati.

Sai takardar shaidar asali daga ƙaramar hukuma. Wannan takan ba mutane wahala, musamman waɗanda aka haifa a birni. Yaron da ya tashi a Sabon Gari na Kano ko a Kakuri ta Kaduna, alhali iyayensa mutanen Kagoro ne ko Biliri ko Numan, galibi sai ya koma ƙaramar hukumar iyayen kafin ya samu. Iyaye su yi wa 'ya'yansu wannan takarda in sun je gida hutun Kirsimeti, kada a bari sai ranar da ake sauri. Za a kuma buƙaci hoto mai farin baya wanda fuska ta fito sosai. Yaro ƙarami sai da rubutaccen izinin iyaye, shi ma kuma sai yana da nasa NIN.

Tun daga Janairun 2024, ana cike fom ne, a ɗora takardu, a biya kuɗi, a zaɓi ofis da ranar zuwa, duk ta shafin intanet na Hukumar Shige da Fice. Shafin gwamnati adireshinsa yakan ƙare da gov.ng, a kula da wannan, gama akwai shafukan bogi. Wanda bai iya kwamfuta ba ya tafi da ɗansa ko wani amintacce daga ƙungiyar matasa, ya kuma sa a karanta masa kowane layi kafin a tura. A ranar da aka ba ka za ka je da kanka a ɗauki hotonka da zanen yatsunka. Ba a aika wakili a wannan.

Batun kuɗi

Kuɗin ya yi tsalle sau biyu a cikin shekara guda. A ranar 1 ga Satumba 2024, mai shafi 32 na shekara 5 ya tashi daga Naira 35,000 zuwa 50,000, mai shafi 64 na shekara 10 kuma daga 70,000 zuwa 100,000. A ranar 1 ga Satumba 2025 aka ninka su, suka koma Naira 100,000 da 200,000. A duba shafin hukumar kafin a biya, domin farashi yana iya sake motsi. Na shekara 10 na waɗanda suka cika shekara 18 ne. Ga tsohon da zai yi tafiya sau ɗaya, mai shafi 32 ya wadatar. Ɗalibi ko ɗan kasuwa mai yawan zirga-zirga gara ya daure ya yi babban.

Kuɗin nan ta intanet ko ta banki ake biyansa, a ba ka rasit. Duk wanda ya tare ka a bakin ƙofa ya ce ka ba shi kuɗi a hannu zai fitar maka a kwana biyu, ka yi hattara da shi. Wasu daga cikin waɗannan 'yan kamasho su ne suke cike fom da gaggawa, su jefa mutum cikin kuskuren da zai yi watanni yana gyara. A Satumba da Oktoban 2023, bayan da Ministan Harkokin Cikin Gida Olubunmi Tunji-Ojo ya ba da umarni, hukumar ta buga fasfo sama da 200,000 da suka taru a cikin 'yan makonni. An sami sauƙi tun daga lokacin, duk da haka mai hankali yakan bar wa kansa tazarar wata biyu ko uku.

Sabuntawa

Ba a ƙara wa fasfon zamani wa'adi da hatimi kamar yadda aka yi a da. In ya ƙare, sabo ake bugawa, za ka kuma je da tsohon. Kada ka jira ranar ƙarewa. Ƙasashe da yawa da kamfanonin jiragen sama ba su yarda da fasfon da ya rage masa ƙasa da wata shida, ko da yake a ido bai mutu ba. Mutane sun sha komowa daga filin jirgi da jakunkunansu saboda wannan. Haka nan kada a yar da tsohon fasfo, domin bizar da take ciki shaida ce cewa ka taɓa fita ka kuma dawo.

In fasfo ya ɓace ko ya ƙone, a kai rahoto wurin 'yan sanda nan da nan, a karɓi takarda, a yi rantsuwa a kotu, kana a nemi wani. Kuɗinsa ya fi na sabuntawa, bincikensa ma ya fi tsawo. Yana da kyau a ɗauki hoton shafin da yake da sunanka a ajiye a wani wuri dabam.

Fasfo dabam, biza dabam

Wasu sukan ɗauka da zarar fasfo ya fito tafiya ta tabbata. Fasfo shaida ce daga ƙasarka cewa kai nata ne, biza kuwa izini ne daga ƙasar da za ka. Ga masu ziyarar ibada, Hukumar Masu Ziyara ta Kirista ta Nijeriya, wadda dokar 2007 ta kafa, tare da hukumomin jihohi, su ne suke tantance mutane su nema musu biza a ƙungiyance, ba kuwa za su karɓi sunan wanda ba shi da fasfo mai rai ba. Tantancewar tana da tsanani domin an sha samun waɗanda suka sulale a Isra'ila suka ƙi dawowa, abin da yake jawo wa na baya wahala, yake kuma ɓata sunan ƙasa da na ikilisiya.

Gargaɗi na ƙarshe ga matasanmu ne, musamman 'yan mata. In wani ya ce zai kai ki aikin gida a ƙasar waje, zai yi miki fasfo da kuɗinsa, sa'an nan shi zai riƙe miki shi, ki gudu. Ƙwace fasfo ita ce igiyar da masu fataucin mutane suke ɗaure waɗanda suka faɗa hannunsu. Hukumar NAPTIP, wadda aka kafa a 2003, tana karɓar ƙara a kan irin wannan. Ki gaya wa iyayenki da fastonki tun kafin ki sa hannu a kowace takarda.

Ikilisiya ma tana da nata rabo. Sakataren da yake rubuta katin baftisma ko takardar aure ya tambayi yadda sunan yake a takardar haihuwa da NIN, ya rubuta shi daidai, harafi da harafi. Dattawa su riƙa tuna wa iyaye su yi wa jarirai rajistar haihuwa tun kafin ranar miƙa yaro. Kai kuma mai karatu, a wannan mako ka fito da takardunka duka, ka shimfiɗa su a kan tabarma, ka gwada suna da suna, rana da rana. In ka ga bambanci, ka fara gyara yanzu, tun babu jirgin da yake jiranka.

Allah ya kai masu tafiya lafiya, ya kuma komo da su lafiya. Amin.