Janareta mara mai: abin da ya kamata ku sani kafin ku biya kuɗinku

Tun ranar 29 ga Mayun 2023 da Shugaba Bola Tinubu ya sanar a dandalin Eagle Square cewa tallafin mai ya ƙare, tayar da janareta ya zama sai an yi lissafi a gidajen Abuja. A watan Afrilun 2024 kuma hukumar NERC mai kula da harkar lantarki ta kai kuɗin wutar 'yan rukunin Band A naira 225 kowane yunit. Mai aski a Nyanya, mai walda a Kubwa, mai sayar da ƙanƙara a Lugbe, kowa na neman mafita. A cikin wannan matsi ake ta cin karo da tallan "janareta mara mai" a Facebook da TikTok da WhatsApp: inji ne, in ji masu tallan, da ba ya shan fetur, ba ya jiran rana, shi yake ciyar da kansa. Irin wannan inji babu shi, kuma ba za a taɓa ƙera shi ba.

Yaya suke cewa yana aiki?

Bayanin yana da daɗin ji. Batir zai tayar da ƙaramin inji mai juyawa, injin ya ja bel, bel ya juya na'urar da ke haifar da wuta irin wadda ke cajin batirin mota. Wani kaso na wutar ya shiga gida, saura ya koma ya cika batirin. Wasu kan ƙara faifan ƙarfe mai nauyi ko jerin maganaɗisu, su ce a nan sirrin yake. A tatsuniya akan sami tukunyar da ake ɗiba ba ta ƙarewa, domin mai ba da labari shi ke kafa dokar duniyarsa. Duniyar da muke ciki tana da tata dokar, kuma ba ta sassauta wa kowa.

Wace doka ce wannan?

Makamashi ba a ƙirƙirar sa daga babu, ba ya kuma ɓacewa. Siffa kawai yake sauyawa. Likitan Jamus Julius Robert Mayer ya bayyana haka a 1842, James Joule na Ingila ya auna shi da gwaje-gwaje a shekarun 1840, sannan Hermann von Helmholtz ya shimfiɗa shi da lissafi a 1847.

Ku dubi wutar da kamfanin AEDC ke rarraba wa Abuja. Kowane yunit yana da asali. Wani daga ruwan da ke gangarowa a madatsun Shiroro da Kainji da Jebba ya fito, wani daga iskar gas da ake ƙonawa a tashoshi irin Geregu ta Jihar Kogi. In ruwa ya ja baya da rani ko gas ya yanke, wuta ta ragu. Da inji na iya ciyar da kansa, da ba wanda zai kashe biliyoyi wajen tare kogi.

A kowane sauyi kuma akan yi asara. Ku ɗora hannu a jikin inji bayan ya yi minti goma yana aiki, za ku ji zafi. Wannan zafin da ƙarar da kuke ji duk makamashi ne da ya tsere. Alal misali, in batir ya ba da 100, inji mai juyawa ya miƙa 80, bel ya ci nasa, na'urar wuta ta dawo da 60, to batirin ya tafka asarar 40 tun ba a kunna ko ƙwai ɗaya ba. Faifan ƙarfe ajiye ƙarfin da aka ba shi kawai yake yi, ba ya haifar da sabo. Haka ma maganaɗisu.

To me ya sa ake ganin yana aiki?

Saboda batirin ya zo a cike. Batir mai bolt 12 da amfiya-awa 200 yana ɗauke da kimanin yunit 2.4 na wuta. Wannan ya isa ya riƙe ƙwayaye da fanka da talabijin na wasu awoyi, ya wadatar a ɗauki bidiyo ko a gamsar da mai saye a shago. Sai an kai gida, dare ya raba, gaskiya ta fito.

Dabarar tsohuwa ce. Tun 1775 Cibiyar Kimiyya ta Faransa ta daina karɓar zanen injin da ba ya tsayawa. A 1813 wani Charles Redheffer ya baje irin wannan inji a birnin New York, jama'a na biyan kuɗi su kalla. Injiniya Robert Fulton ya lura juyin ba ya tafiya daidai, kamar hannun mutum ne ke yin sa. Ya ɓamɓare wasu katakai, ya ga siririyar igiya a ɓoye, ya bi ta har ɗakin sama, ya tarar da wani tsoho mai dogon gemu yana murɗa hannun injin yana cin burodi.

Me za ku yi in an kawo muku?

Ku yi tambaya ɗaya: daga ina ƙarfin yake shigowa? In ba a ambaci mai ko gas ko rana ko iska ko ruwa ko wutar gwamnati ba, ku riƙe kuɗinku. In an nace, ku ce a cire batirin bayan injin ya tashi, ko a jona dutsen guga a bar shi yini guda a gabanku, ba tare da wata waya ta fita daga akwatin ba.

Ba duk mai haɗa irin wannan inji ne macuci ba. Akwai matasa masu basira da suka yarda da shi har zuci, suna zuba ɗan abin da suke da shi. Waɗannan sun cancanci a nuna musu lissafin, a karkatar da hannunsu ga abin da ke aiki. Da tsakar rana mai haske, kowace murabba'in mita na samun kusan wat 1,000 daga rana, faifan sola na zamani kuma yana mayar da kusan kashi ɗaya cikin biyar na wannan zuwa wuta. Sola da inbata da batir suna da tsada, amma an san inda ƙarfinsu ke fitowa, ana iya auna shi kafin a biya. Kwaɗayi mabuɗin wahala ne: kuɗin da aka tara da gumi ya fi ƙarfin a miƙa shi ga injin da mai shi ya kasa faɗin abin da yake ci.