John Wesley Powell: Mai Zanen Taswirar da Ya Hango Rikicin Ruwa a Yammacin Amurka

John Wesley Powell masanin ƙasa da duwatsu ne ɗan Amurka, wanda ya shafe rayuwarsa yana auna koguna da zana taswira. An haife shi ranar 24 ga Maris, 1834, a jihar New York, mahaifinsa mai wa'azin coci ne. Tun yana saurayi yake tuƙa kwalekwale a kogin Misisipi da na Ohayo yana tattara duwatsu da tsirrai. Da yaƙin basasar Amurka ya ɓarke ya shiga rundunar Arewa, a watan Afrilun 1862 kuma harsashi ya same shi a fagen daga na Shiloh, aka yanke masa hannun dama. Bai bar aikin soja ba sai da ya kai muƙamin manjo. Daga nan ya koma koyarwa a jami'a a jihar Ilinoi.

A wancan zamani akwai wani yanki a taswirar Amurka da aka bari fari fat, domin Turawan ƙasar ba su san abin da ke cikinsa ba, wato kwazazzaban da kogin Kolorado ke ratsawa. Ranar 24 ga Mayu, 1869, Powell da mutane tara suka shiga kogin Green a Wayomin cikin kwalekwalen katako huɗu, da niyyar ratsa wannan yanki. Ba a yi nisa ba ɗaya ya dagargaje a kan duwatsu, ya tafi da kaso mai yawa na abincinsu. Garin alkamar da ya rage ya jiƙe ya yi fumfuna, har sai da suka riƙa tankaɗe shi da gidan sauro. Duk da hannu ɗaya gare shi, Powell kan hau bangon dutse da na'urar auna tsayin wuri. Wata rana ya maƙale, gaba ba hanya baya ba hanya, sai abokin tafiyarsa George Bradley ya tuɓe dogon wandonsa na ciki ya zuro masa daga sama, ya kama aka jawo shi. Mutum ɗaya ya janye tun da wuri. Wasu uku suka fita daga kwazazzabon Grand Canyon ana saura kwana biyu a gama, ba a sake ganinsu ba. Shida ne suka ɓulla ta ƙarshen Grand Canyon a ƙarshen watan Agusta. A 1871 ya sake komawa da masu awo da masu ɗaukar hoto, daga wannan tafiya aka samu taswirar yankin mai inganci.

Tafiyar ce ta sa ya yi suna, amma aikinsa mafi nauyi shi ne rahoton da ya miƙa wa Majalisar Dokoki a 1878 a kan ƙasashen Amurka masu ƙarancin ruwa. Ya nuna cewa daga wajen layin tsaye na 100 a taswirar duniya zuwa yamma, ban da gaɓar teku da kan tsaunuka, ruwan sama bai kai inci 20 a shekara ba, noma kuwa ba ya yiwuwa da haka sai da ban-ruwa. Kogunan yankin gaba ɗaya, in ji shi, ɗan ƙaramin kaso na ƙasar za su iya shayarwa. Dokar rabon filaye ta 1862 tana ba kowane iyali eka 160, an yanka ta murabba'i kamar da wuƙa, ko akwai rafi a ciki ko babu. Powell ya ce wannan awo na ƙasar damina ne. Manomin da ke da ruwan ban-ruwa eka 80 ta ishe shi, makiyayi kuwa sai ya samu eka 2,560 kafin ya ciyar da iyalinsa. Ya kuma nemi a ɗaure haƙƙin ruwa da gonar da yake shayarwa, kada a sayar da shi daban, manoma su haɗa kai su gina madatsu da magudanai su riƙa gudanar da su da kansu.

Maganar ba ta yi wa mutane da yawa daɗi ba. Kamfanonin jiragen ƙasa da dillalan filaye na son a kwararo yamma, a lokacin kuma ana yaɗa cewa duk inda garma ta shiga ruwan sama zai biyo ta. Shekarun da aka yi ana samun damina mai kyau sun sa jama'a suka gaskata.

Powell ya zama shugaban hukumar binciken ƙasa ta Amurka a 1881. Bayan fari ya afka wa yammacin ƙasar, Majalisa ta ba shi aikin auna wuraren da suka dace da madatsun ruwa a 1888. Daga wannan aiki taswirarsa mafi shahara ta fito a wajen 1890. Maimakon layukan jihohi miƙaƙƙu, ya raba yankin gida gida da launuka, kowane launi yana nuna ƙasar da duk ruwanta ke gangarawa kogi guda. Dalilinsa shi ne, mutanen da ke shan kogi ɗaya su ya kamata su zauna ƙarƙashin hukuma ɗaya, na sama da na ƙasa su daidaita rabo a tsakaninsu. Wannan tunani mai ƙarfi ne ƙwarai, domin iyakar da ta ratsa kogi ta tsakiya ita ke mayar da maƙwabta abokan shari'a. Amma aikin awon ya sa an dakatar da rabon filayen gwamnati, 'yan majalisar yamma suka fusata, Sanata William Stewart na Nebada a gabansu. A 1890 aka yanke kuɗin aikin. A 1893, a taron masu ban-ruwa a Los Angeles, ya faɗa wa mahalarta cewa ruwan ba zai ishi ƙasar da suke mafarki ba, kuma gadon husuma da ƙararraki suke tara wa na baya. Aka yi masa ihu. Ya ajiye shugabancin hukumar a 1894, ya rasu ranar 23 ga Satumba, 1902.

Akwai ɓangaren tarihinsa da ba ya wankuwa. Ya koyi harsunan Ute da Paiute, ya shugabanci hukumar nazarin al'adun 'yan asalin Amurka tun daga 1879, a 1891 kuma ya fitar da taswirar dangogin harsunansu. Duk da haka ya goyi bayan a tattara su a keɓaɓɓun yankuna, a sa su bar rayuwarsu ta gado. Taswirar ruwansa ba ta ba su gurbin da ya kamace su ba, alhali su suka riga kowa sanin waɗannan koguna.

A shekarar da ya rasu aka kafa dokar da ta ba gwamnatin tarayya ikon gina manyan madatsu a yamma, hanyar da ta saɓa da ƙananan ƙungiyoyin manoman da ya so. A 1922 aka rattaba hannu kan yarjejeniyar raba ruwan Kolorado tsakanin jihohi bakwai, aka yi lissafin da awon shekaru masu yawan ruwa, sai aka raba fiye da abin da kogin ke kawowa a yawancin shekaru. Fari da guguwar ƙura na shekarun 1930 suka kori dubban manoma daga filayen da ya yi gargaɗi a kansu. Yau kimanin mutum miliyan 40 ne suka dogara da kogin, jihohin kuma sun sha gurfana a gaban Kotun Ƙoli a kan rabo. Tafkin da ya taru a bayan madatsar Glen Canyon tun daga 1963 sunan Powell aka sa masa. A 2021 gwamnatin tarayya ta ayyana ƙarancin ruwa a kogin a karon farko, a farkon 2023 kuma ruwan wannan tafki ya sauka ƙasa da kashi ɗaya cikin huɗu na abin da yake iya ɗauka.