Guminsa Ya Fi Ƙarfin Kuɗin Mota

Akwai wata magana da ta daɗe tana yawo a bakin wasu masu shirya fina-finai, wadda kunnena ya gaji da ita, wai labari ba shi da tsada tunda kowa yana da nasa a ka. Da wannan gurguwar hujja ake karɓe aikin yaro mai tasowa, wanda ya raba dare yana rubutu a waya, a sallame shi da kuɗin mota da alkawarin sa sunansa a fim, sunan da galibi sai an zo can ƙarshe, bayan 'yan kallo sun watse, sannan ya gilma.

Alhali kuwa labari daban, rubutun fim daban. Marubuci shi ne zai yanka labarin fitowa-fitowa, ya fayyace wannan a ɗaki ce da dare, waccan a kasuwa da hantsi, ya sa wa tsohuwa maganar tsofaffi, ɗan tasha kuma ta 'yan tasha, yana sane da cewa shafi guda kimanin minti guda ne a allo, wato fim na sa'a ɗaya da rabi yana neman shafi 90. Wanda yake ganin wannan ba sana'a ba ce, to bismilla, ya gwada. Ko Turmin Danya, wanda ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar a Kano a 1990, har ake lissafa shi mafarin masana'antar fina-finan Hausa, sai da marigayi Aminu Hassan Yakasai ya rubuta shi kafin a kafa kyamara.

Gaskiya ne satar fasaha ta karya kasuwar faifai. Amma ai ba a hana mai kyamara ladansa saboda haka ba, to don me za a hana marubuci?

Saboda haka, ya kai mai tasowa, kada ka miƙa cikakken rubutunka ga kowa sai an yi yarjejeniya a takarda, gaban shaidu, an ambaci adadin kuɗi da lokacin biya da yadda za a sa sunanka; taƙaitaccen bayani ya isa a fara ciniki. Ka karɓi kafin alƙalami, ka ajiye kwafi mai kwanan wata, kuma idan fim mai dogon zango ne, a yi lissafi kashi-kashi. Kada kunya ta hana ka, domin aya mafi tsawo a Alƙur'ani, a Suratul Baƙara, umarni ce da rubuta bashi. Furodusan da ya ƙi sa hannu, ka ɗauki takardunka ka yi masa sallama.