Yadda Fim Ɗin Sarauniyar Lugu Ya Rasa Masauki A Ƙasarta

A cikin watan Afrilu na shekarar 1899 ne rundunar Faransa, a ƙarƙashin Kyaftin Voulet da mataimakinsa Chanoine, ta auka wa Lugu, wani gari na Azna a yankin Dogonduci. Sarakuna da dama sun riga sun miƙa wuya, amma Sarauniya Mangu ta ƙi, ta tare su da 'yan baka. Wannan labari shi ne marubucin nan na Nijar, Abdullahi Mamani, ya mayar littafi a 1980, sa'an nan Med Hondo, mutumin Muritaniya, ya ɗaura niyyar mayar da shi fim mai suna Sarraounia.

Shekara bakwai Hondo ya yi yana faman neman kuɗi. Ba abin mamaki ba ne, domin fim ne da ke tona asirin ta'asar da sojojin Faransa suka yi, watau ƙone garuruwa da kisan bayin Allah irin wanda aka yi a Birnin Ƙonni, alhali kuwa yawancin kuɗin shirya fim a ƙasashen renon Faransa daga Faris yake fitowa.

Babbar matsalar kuwa a gida ta ɓullo. An shirya za a ɗauki fim ɗin a Nijar, inda abin ya faru, sai gwamnatin Seyni Kunce ta janye hannunta. Mamani dai tsohon ɗan jam'iyyar Sawaba ne wanda ya sha ɗauri a hannun wannan gwamnati. Daga nan sai Thomas Sankara ya buɗe wa Hondo ƙofar Burkina Faso, aka yi aikin a can.

To, amma wannan ƙaura ta jawo hasara. Sarauniyar da ta yi mulki da Hausa sai ga ta a majigi tana magana da harshen Jula, Aï Keïta ce ta fito a matsayinta.

Da fim ɗin ya fito a 1986, bai daɗe a gidajen sinima na Faransa ba. A 1987 ya ci babbar kyautar bikin FESPACO a Wagadugu, watanni kaɗan kafin a kashe Sankara. Mamani ya rasu a hatsarin mota a 1993, Hondo kuma a 2019.